Gandun Ba-Tashi

Ranar da Malam Muhammad Sani ya dawo Tudun Makera, mata ne suka fara ganinsa a bakin rijiya. Ya ɓullo ta hanyar arewa wadda ciyawa ta daɗe da cinyewa, yana tafe a duƙe, fuskarsa na kallon ƙasa. Rigarsa ta zama tsumma. Tafukan hannayensa sun yi fari, sun yi sulɓi kamar bayan ƙwarya. Wata tsohuwa ce ta gane shi, ta saki guga a rijiya ta kama salati. An yi masa sadakar arba'in tun 'ya'yansa ba su yi aure ba, yanzu kuwa jikokinsa ne ke zuwa makaranta a Maska.

Ba wadda ta yi guɗa. Duk wanda ya tashi a ƙasar nan ya san inda hanyar arewa ta nufa. Bayan gonakin ƙarshe akwai rafi, a ƙetaren rafin kuma akwai Gandun Ba-Tashi, gona ce da ba a san mai ita ba, ba a san iyakarta ba. Idan iska ta juyo, akan ji gangar noma daga can, rani da damina. Akwai mutane a ciki suna huɗa, kuma ba su taɓa tashi daga aiki ba. Mutum ba ya fitowa daga Gandu sai in wani ya karɓi garmar da ke hannunsa. Saboda haka da aka ga tsohon, kowa ya fara waige-waige yana neman nasa.

Malam Aƙilu yana zaure yana gyaran injin feshi labarin ya same shi. Ɗansa na fari, Almustapha, ya fita tun safiyar jiya neman bijiminsu na huɗa da ya tsinke igiya. Aƙilu ya yi ta kiran wayarsa ba ta shiga, ya yi ta gaya wa kansa cewa caji ne ya ƙare, ko yaron ya bi sawun bijimin har Gozaki ya kwana wajen kawunsa. Da ya ji wanda ya dawo, sai ya ajiye injin a hankali, ya sa takalmi, ya fita.

Ya tarar an zaunar da tsohon a gindin ɗorawa ana ba shi kunu da ludayi, don yatsunsa sun ƙi buɗewa, sun tsaya a lanƙwashe daidai kaurin ƙota. Mutane suka dare suka ba Aƙilu hanya, ba wanda ya haɗa ido da shi. Tsohon ya karkato wuya ya dube shi daga ƙasa.

"Ɗan Tasalla ne wannan? Kai ma ka yi furfura. Yaron nan dogo mai tabo a gira, naka ne?"

Aƙilu ya ce nasa ne.

"Ban kira shi ba, ɗan Tasalla, ban miƙa masa ba. Sawun bijimi ya biyo har ya zo kaina. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya ce, 'Baba, kawo in kama maka kunya ɗaya ka sha iska.' Na ce masa a'a." Kunu na bin gemunsa. "A'ar dai ba ta yi ƙarfi ba."

Aƙilu ya ce yaron ya san dokar wurin, tun yana ƙarami ake gaya masa. Tsohon ya ce shi ma ya sani lokacin da ya shiga. Ya ce gangar nan in ta shiga kunnen mutum, abin da ya sani da ka yakan yi nisa, sai abin da jikinsa ya saba ya rage. Yaron da aka koya wa kada ya wuce dattijo yana noma bai karɓe shi ba, hannunsa zai miƙa kafin hankalinsa ya iso. Ya ce a can rana ba ta motsi, kullum hantsi ne, ba azahar balle la'asar, shi ya sa abin da ya fara tambayar liman shi ne yadda zai rama salloli. Ba yunwa, ba ƙishirwa, ba barci. Gajiya ce kawai, kuma ita ba ta kashe mutum. Hannu ba ya sakin ƙota sai in wani ya roƙa da bakinsa.

Wani daga bayan taro ya ce, to ai sai tsoho ya koma ya karɓi abinsa, tunda dai an riga an yi masa sadaka. Muhammad Sani ya ƙanƙame tushen ɗorawa da hannayen nan nasa marasa buɗewa. Aƙilu ya dube shi, ya ga ba abin da zai roƙa a nan, ya juya.

Wani mai shago da ake kira Bature ya bi shi har ƙofar gida. Ya rage murya ya ce masa akwai 'yan ƙwadago da ke zuwa daga arewa kowace damina, suna zama a bakin kasuwar Danja da garemaninsu, ba su san ƙasar nan ba, ba su taɓa jin sunan Gandu ba. In aka ɗauko ɗaya aka ce ga aiki, aka kai shi har wurin, shi da kansa zai ce a ba shi garma. Ya ce ba yau aka fara ba, akwai gidajen da suka yi haka, ba ya dai son kama suna.

Washegari Aƙilu ya hau babur ya tafi Danja. Ya same su a jere a inuwar wani shago. Ya tsaya daga nesa yana zaɓe da ido, har ya tsayar da zuciyarsa a kan wani siriri mai jar hula. Yana matsowa wayar saurayin ta yi ƙara. Ya ji yana cewa, lafiya lau Inna, an samu wurin kwana, a daina damuwa, a gaida su Ladidi. Aƙilu ya tsaya har saurayin ya gama, ya ɗago ya ce, "Alhaji, aiki ne?" Aƙilu ya ce masa a'a, hanya yake tambaya. Ya koma gida shi kaɗai.

Hansai, matarsa, tana tsakar gida tana tsince wake. Ba ta kiran sunan Almustapha, ɗan fari ne, "yaron nan" take cewa. Tun da abin ya faru ba ta yi kuka a gaban mutane ba, sai dai wake ɗaya take ta juyawa a faifai. Daga ɗakin gefe ana jin shessheƙar Raudatu, matar Almustapha, wadda cikinta ya tsufa. Aƙilu ya zauna a kan turmi ya gaya wa Hansai inda za shi. Ya gaya mata inda ya ajiye irin waken suya, da wanda za a ba aron gonar fadama in aiki ya yi wa yaron yawa, da cewa kada a sayar da masara da wuri. Ta bar shi ya gama.

"Malam, so kake in ce je ka, ko in ce kada ka je?"

Ya ce ba ya son ta ce komai.

"To ba zan ce ba. Duk wanda na faɗa, da shi zan kwana har in mutu."

Ta tashi ta ɗauko masa tsohuwar rigarsa ta gona, wadda ta fi kauri a kafaɗa, ta miƙa masa da hannu biyu.

Buba ne ya raka shi. Makiyayi ne da rugarsu ke kusa da rafin, sun daɗe suna tsokanar juna da Aƙilu a kan shanu da kuma gefen gona. A hanya Buba ya yi ta ƙoƙarin sa shi dariya. Ya ce tun kakanninsu ba a taɓa jin Bafulatani ya maƙale a Gandu ba, don ba a haifi Bafulatanin da zai ga garma a hannun wani ya ce a ba shi ba. "Ku ne dai, Kaɗo. A nuna muku wahala ku ce kawo in taya ka." Aƙilu ya ce ai shi ya sa su suke cin tuwo, Fulani kuma suna saye. Buba ya yi dariya kaɗan, sannan dariyar ta ƙare masa. Ya ce shanunsa ba sa shan ruwan rafin nan ko da rani, tsuntsu ma in ya zo kansa sai ya juya. Ya ce zai zauna a gaɓar nan da shanu har yaron ya fito, ya kai shi gida da kansa.

A bakin ruwa Aƙilu ya ba shi wayarsa da makullin babur. Ya yi alwala, ya yi nafila, ya naɗe wando ya shiga. Ruwan bai wuce gwiwa ba, amma sanyinsa har cikin haƙori.

Da ya hau ɗaya gaɓar, la'asar ɗin da ya baro ta ɓace. Rana tana tsaye a hantsi. Ƙasar baƙa ce wuluk, mai laushi, tana ƙamshin ruwan farko, irin ƙasar da manomi zai gani ya ji yawu ya taru masa. Babu bishiya, babu ciyawa, babu ko tururuwa. Gangar da ake ji sama-sama daga gari, a nan a cikin ƙirji take bugawa, kuma duk inda ya juya sai ya ji kamar makaɗin yana bayansa. Ya waiga bai ga kowa ba.

Sai ya hango su. Jeri ne na mutane a duƙe, kafaɗa da kafaɗa, ya miƙe gabas da yamma har inda ido ya gaza. Garemani na tashi tare suna sauka tare. Kowa na jan kunyarsa, kuma a bayansu kaɗan ƙasar tana komawa ta kwanta sumul kamar ba a taɓa ta ba. Ba wanda ke shuka komai.

Ya bi bayan jerin yana duba. Akwai masu rigunan ƙwallo irin na samarin yanzu, akwai masu riguna saƙi irin waɗanda ya gani a jikin kakansa, akwai masu warki. Wasu tufafin sun ƙare a jikinsu. Wasu naman ma ya ƙare, sai fata a kan ƙashi, amma garma na tashi tana sauka. Yana wucewa suna gaishe shi ba tare da sun ɗago ba, "Sannu da zuwa, sannu da zuwa," da ladabi, kamar ya zo gayyar maƙwabci. Ya ji hannunsa na dama yana miƙewa da kansa wajen wani tsoho da ƙashin bayansa ya fito. Ya kama hannun da na hagu ya cusa a hammata, ya ci gaba da tafiya yana karanta duk abin da ya zo bakinsa.

Wani abu ya ba shi mamaki. A wurare da yawa mutum biyu ne a kan kunya ɗaya, ɗaya na huɗa ɗaya na tsaye a kansa. Can sai na tsayen ya duƙa ya yi magana, ya karɓi garmar, wancan ya miƙe. Ba a jima ba sai wanda ya miƙe ya duƙa shi ma ya karɓe. Ya ga wasu biyu masu kama ɗaya, har goshinsu iri ɗaya, dukansu sun tsufa har ba a gane wane ne babba. Bai tsaya tunani a kai ba, don a lokacin ne ya hango rigar Almustapha.

Yaron ya rame a 'yan kwanakin nan. Ƙotar ta jiƙe da jini inda tafinsa ya fashe. Aƙilu ya tsaya a gefensa ya yi sallama. Garmar ba ta tsaya ba, amma ya ga bayan yaron ya girgiza.

"Baba, me ya kawo ka? Ka koma. Don Allah ka koma."

Aƙilu ya ce masa uwarsa na gaishe shi, Raudatu lafiyarta ƙalau, Buba na jiransa a bakin rafi. Sannan ya duƙa ya kama ƙotar ya ce, "Kawo in kama maka." Almustapha ya ce a'a, ya sake cewa a'a, amma yatsunsa sun riga sun buɗe. Ƙotar ta manne a hannun Aƙilu kamar an ɗaure. Bayansa ya lanƙwashe, ganga ta ɗauki hannayensa, garma ta shiga ƙasa.

Ya ce wa yaron ya tafi, ya bi sawunsa, kada ya kalli kowa, ya sa hannayensa a hammata. Ya ji yaron ya miƙe yana nishi. Ya ji ya yi taku kaɗan. Sannan ya ji takun ya dawo.

"Baba, kawo."

Kafin Aƙilu ya buɗe baki garmar ta bar hannunsa. Ya miƙe tsaye, ga ɗansa a duƙe a gabansa yana huɗa yana kuka, yana cewa ba zai iya ba, ƙafafunsa sun ƙi, ta yaya zai juya baya ubansa na noma shi yana tafiya hannu sake, me zai ce wa Inna, da wane ido zai shiga gari. Aƙilu ya sake karɓa. Ya lallashe shi. Ya ce masa shi ya ci zamaninsa, ya ce akwai jariri a hanya da ke buƙatar uba, ya ce gona ba ta da mai yi. Yaron ya ce to, ya ce ya ji, ya yi taku, ya dawo ya karɓe. Suka yi haka har Aƙilu ya daina sanin ko sau nawa ne. Rana ba ta gusa ba. A wani karon da ya miƙe, idonsa ya faɗa kan tsofaffin nan biyu masu goshi iri ɗaya, ɗaya na duƙawa yana karɓar ɗaya, sai ya gane uba ne da ɗansa, ya kuma gane tun yaushe suke haka.

Aƙilu bai taɓa zagin ɗansa ba. Mutum ne mai yawan fargaba, irin wanda in yaro ya yi tari sai ya kwana yana taɓa goshinsa, kuma abin da ya fi tsoro a duniya shi ne bakin iyaye, don ya ga yadda yake bin mutum. Ya tsaya yana kallon bayan yaron. Sannan ya duƙa ya karɓi garmar, ya yi magana da muryar da shi kansa bai san yana da ita ba.

"Almustapha, saurara. In ka sake taɓa ƙotar nan, ban yafe maka ba, duniya da lahira. In ka sake ƙetare rafin nan, ko kai ko wani da ka aiko, Allah ya isa tsakanina da kai. Ba albarkata a kanka sai kana gida."

Yaron ya ce, a hankali, "Baba, ba da gaske kake ba."

"Na rantse da wanda raina ke hannunsa. Gwada ka gani."

Ya ji yaron ya durƙusa kusa da shi. Ta gefen ido ya ga hannun nan mai jini ya miƙo, ya tsaya dab da ƙotar. Aƙilu ya so ya ce masa Allah ya yi maka albarka, ya so ya ce ƙarya yake, ba abin da yaron zai yi a duniya da zai hana shi yafe masa. Ya san in ya faɗi ko rabin haka, hannun zai ƙarasa. Ya tara yawu ya tofar a ƙasa kusa da gwiwar ɗansa, ya ce, "Tashi ka ba ni wuri."

Hannun ya koma.

Mai huɗa a Gandu ba ya iya ɗaga kai, amma in garma ta sauka yakan ga bayansa ta tsakanin ƙafafunsa. Ta nan Aƙilu ya ga ƙafafun Almustapha a tsaye. Garma ta tashi ta sauka, suna nan. Ta sake tashi ta sauka, suna nan, jerin kuwa na ta gaba, tazara na ƙaruwa. Ya ga sun yi taku ɗaya zuwa wajensa. Sannan ya ga dugadugai. Suka yi ƙanƙanta a kan baƙar ƙasa, suna tsayawa suna ci gaba, har ya daina bambanta su da ƙasar.

Na kusa da shi, wani mai rigar saƙi da muryarsa ta dushe, ya ce masa sannu da aiki. Aƙilu ya amsa. Mutumin ya ce ya ji abin da ya gaya wa yaron, ya ce shi da ya iya faɗin haka da nasa ɗan yana gida, ga shi can kunya ta uku daga nan, wani ya karɓe shi, amma ɗan ya ƙi tafiya, ya je ya karɓi wani. Ya tambaya ko yaron mai jin magana ne.

Aƙilu ya ce mai jin magana ne ƙwarai. Ya ce abin da ke ba shi tsoro shi ne yaron ya san shi, ya san bai iya riƙe fushi ba, wata rana zai zauna ya yi tunani ya gane.

Ganga ta ci gaba. Tafin Aƙilu ya fara fashewa a daidai inda jinin ɗansa ya bushe a kan ƙota. Duk saukar garma sai ya duba ta tsakanin ƙafafunsa, ya ga fili babu kowa, ya yi hamdala, garma ta tashi, ya sake dubawa.